Ga Ɗana Mai Gina Birni a Kan Katako

Ɗana, mahaifiyarka ta ce ka hana kwali sakat, na taliya ne ko na sabulu, duk inda ka gani sai ka kwaso. Na ce ta ƙyale ka. Mu ma da kara da gwangwani muka yi motoci muna yara, amma kai ka wuce nan, tunda har Masallacin Shehu ka fitar a kan katakon da bai kai tabarmar salla ba.

Abin da nake so da kai, ka rage kwaikwayon benayen Dubai da kake gani a waya. Masu yin su sun yi yawa, mai fitar da tsohuwar Sakkwato shi ne babu. Birnin nan da Muhammadu Bello ya kafa a 1809 da ganuwarsa yake, amma yau yaro zai bi ta Ƙofar Rini ko Ƙofar Taramniya, suna kawai ya sani. Ganuwar ta zube, gidaje sun hau kanta, kuma abin yana damuna. Ka tayar da ita, ko da tsayinta bai wuce ɗan yatsa ba.

Sai dai kada ka yi da ka. Je gidan tarihi na Waziri Junaidu ka ga abin da aka adana. Nemi tsohon magini, ka durƙusa ka gaishe shi, ya nuna maka yadda ake jera tubali da shimfiɗa azara, da dalilin da katanga take da kauri a gindi tana sirancewa sama, da abin da ya sa indararo ke miƙewa nesa da bango. Wanda ya tashi a gidan ƙasa, kallo ɗaya zai gane in ka yi kuskure.

Tankaɗe ƙasarka kafin ka kwaɓa, ka sa mata ciyawa yankakkiya ƙanana. A inuwa za ka shanya, don ranar garin nan tsattsaga ta za ta yi. Tsinken tsintsiya ya ishe ka azara, guntun jar fata kuma dukawa ba za su hana ka ba. Kula da awo sosai: in ƙofar zaure ta yi tsayin gaɓar yatsa, kada rumbu ya fi soro. Nan ne lissafin makaranta zai yi maka rana, saboda haka ban yarda ka sake shi ba.

Batun sa mutane da dabbobi a ciki, tambayi malaminka tukuna.

In mai saye ya zo, ƙirga kwanakin da ka yi a duƙe kafin ka yanka kuɗi, kada kunya ta sa ka ce "ba da abin da ya sauwaƙa". Ranar Juma'a in an sauko ka biyo, in kai ka wurin maginin da ya yi mana soro. Allah Ya yi maka albarka.