Vasil Gendov da Matsalar Nazarin Fim Ɗin da Ya Salwanta

Duk mai niyyar nazarin ayyukan Vasil Gendov, wanda ya fara shirya fim mai ɗauke da labari a ƙasar Bulgeriya, zai yi karo da wata matsala tun kafin ya soma: yawancin finafinansa ba su wanzu a yau.

An haifi Gendov a garin Sliven cikin shekarar 1891, ya kuma rasu a birnin Sofiya a 1970. Daga wasan kwaikwayo na dandamali ya shigo harkar sinima. A ranar 13 ga Janairu 1915 ne aka nuna fim ɗinsa na farko, wato Bulgaran Mai Karamci, a Sofiya. Wasan ban dariya ne marar sauti, a kan wani saurayi mai son burge mata, wanda wata ta ja shi kantuna har aljihunsa ya bushe. Shi ya rubuta, shi ya ba da umarni, shi ne kuma tauraron, domin a lokacin babu ma'aikatan da za a raba wa aikin. Har yanzu wannan rana ce ranar bikin sinima a ƙasar, alhali fim ɗin kansa ya salwanta, sai 'yan hotuna ƙalilan.

A 1922 ya mai da littafin Bay Ganyo na Aleko Konstantinov fim. A 1933 ya fito da Tawayen Bayi, fim na farko mai sauti a Bulgeriya, inda ya fito a matsayin Vasil Levski, jagoran gwagwarmaya da mulkin Turkawa. Shi ma ya ɓata.

To, me ya rage wa manazarci? Jigo da zubin labari ana iya tsinto su daga jaridun zamanin da bakin waɗanda suka kalla. Amma yadda aka yanka hotuna aka jera su, da tsawon lokacin da aka bar fuska a kan allo kafin dariya ta ɓarke, wannan ba ya faɗuwa da baki, kuma a ganina nan ne gwanintar mai shirya fim take. Saboda haka Soyayya Hauka Ce, wanda ya shirya a 1917 ya kuma tsira, ya fi sauran daraja a wurin mai nazari, ko da yake bai kai su suna ba. Da shi kaɗai ake iya auna hannun Gendov na farkon zamani.

A 1948, shekarar da gwamnati ta karɓe harkar sinima baki ɗaya, Gendov ya tsaya aka kafa gidan adana tarihin finafinan ƙasar.