Zan Iya Ƙera Jirgin Sama A Garejina?

Tambaya: Ni makanike ne a Birmingham. Ina son in ƙera jirgi mai fukafukai hawa biyu da hannuna. Doka ta yarda?

Amsa: Ɗan'uwa, ta yarda, kuma burinka ya burge ni. A Manchesta ma, cikin wata masaƙa ta unguwar Ancoats, kamfanin ƙera jirage na Avro ya fara aiki a 1910, har ya fitar da jirgin Avro 504 a 1913.

Amma kafin ka sayi ko ƙusa ɗaya, shiga ƙungiyar Light Aircraft Association. Ita ke sa ido kan jiragen da ake ƙerawa a gida. Sufetonta zai duba katakon, mannin da waldar, ya sa hannu mataki-mataki kafin ka lulluɓe fiffike da yadi. Sai da shaidarta hukumar kula da jiragen sama ta CAA ke ba da izinin tashi.

Don Allah kada ka zana naka tsarin. Ɗauki wanda aka jarraba, irin jirgin Currie Wot na 1937. Aikin shekaru ne, ka shawarci iyalinka tun yanzu. Ka kuma fara koyon tuƙi a filin jirgin sama na Barton da ke kusa da Manchesta ko wani kusa da kai.