Yadda Ake Karatun Mantiƙi da Falsafar Tsettsefewa

Mantiƙi ilmi ne na rarrabe hujjar da ta tsayu da wadda ba ta tsayu ba. Abin da yake dubawa shi ne ko natijar da aka ciro ta zama dole bayan muƙaddimomin da aka shimfiɗa. Gaskiyar muƙaddimomin kansu aikin wasu fannoni ne. Falsafar tsettsefewa kuwa, wadda ake kira analytic philosophy a Turance, hanyar tunani ce da ta tsiro a Jamus da Ingila da Ostiriya daga ƙarshen ƙarni na 19. Masu ita sun ɗauki sabon mantiƙin zamaninsu suka tunkari tsofaffin tambayoyi da shi: mene ne sani, me ke ba kalma ma'ana, mece ce lamba. Shi ya sa ake haɗa karatun biyun, ake kuma farawa da mantiƙi. Wanda ya tsallake shi zai iya haddace ra'ayoyin malaman, amma ba zai gane inda suka saɓa ba.

Ana farawa da littafin koyarwa guda ɗaya mai aikin gwaji, tare da fensir da takarda. Mantiƙi ba ya zama da karatun ido. Littattafan da suka dace da mafari suna da yawa, kuma bambancinsu bai kai a tsaya dogon zaɓe ba: akwai Introduction to Logic na Irving Copi, wanda ya fara fitowa a 1953 ake ta sabunta shi, akwai Beginning Logic na E. J. Lemmon na 1965, ƙarami mai tsauri, sai forall x na P. D. Magnus da An Introduction to Formal Logic na Peter Smith, waɗanda ake samu kyauta a intanet. Ɗaya ake ɗauka a bi shi har ƙarshe. Tsalle daga wannan zuwa wancan yana rikita mafari, domin kowane marubuci da alamomin da yake amfani da su.

Abu na farko da ake koya shi ne siffar hujja. A ce wani ya ce: in an yi ruwa ƙasa za ta jiƙe, an yi ruwa, don haka ƙasa ta jiƙe. Wannan ta tsayu. Wani kuma ya ce: in an yi ruwa ƙasa za ta jiƙe, ƙasa ta jiƙe, don haka an yi ruwa. Wannan ba ta tsayu ba, domin ta yiwu famfo ne ya fashe. Kunne yana jin biyun kusan iri ɗaya, kuma don a raba su ba tare da dogaro da kunne ba ne ake sauya jimloli da haruffa, a ba kalmomin haɗi irin su "da", "ko", "in" da "ba" alamominsu. Daga nan sai jadawalin gaskiya, inda ake jera duk yanayin da zai yiwu: jimla biyu layi 4, uku layi 8, biyar layi 32. Da yake layukan suna ninkuwa haka, nan da nan ake komawa ga tsarin ciro natija daki-daki bisa ƙa'idoji ƙididdigaggu. A nan yawancin ɗalibai ke cin tuntuɓe da "in", domin a wannan mantiƙi jimlar sharaɗi ba ta zama ƙarya sai idan sharaɗin ya tabbata amma sakamakon bai zo ba. Ƙyamar da ɗalibi ke ji game da wannan tana da dalili, masana ma sun daɗe suna jayayya a kai, amma ana ajiye ta tukuna a iya aikin.

Bayan wannan sai mantiƙin "duk" da "wani". Wanda ya yi karatun zaure ya riga ya san wani ɓangare nasa. Ƙiyasin Aristotil ya shiga Larabci, ya bi ta hannun Farabi da Ibn Sina, aka taƙaita shi a Isaguji na Abhari, sannan Abdurrahman al-Akhdari na Aljeriya ya waƙe shi a Sullam a ƙarni na 16, littafin da ake karantawa a makarantun ilmi na Afirka ta Yamma. Shehu Magili, wanda ya zauna Kano zamanin Muhammadu Rumfa, ya kare halascin mantiƙi a musayar baitocin da ya yi da Suyuɗi. Mai wannan tushe yana da saurin gane muƙaddima da natija. Sai dai ƙiyasi yana da iyaka: ba ya iya sarrafa jimlar da "duk" da "wani" suka haɗu a cikinta suna dogaro da juna. "Kowane gari yana da sarki" daban yake da "akwai sarki guda da ke mulkin kowane gari", kuma ta biyun tana jawo ta farkon, amma ta farkon ba ta jawo ta biyun. Gottlob Frege, malamin lissafi a jami'ar Jena, shi ya samar da rubutun da ke nuna wannan bambanci a fili cikin ɗan littafinsa Begriffsschrift na 1879. Ba a son ɗalibi ya wuce wannan mataki sai ya iya mayar da jimlar yau da kullum zuwa alamomi, ya kuma dawo da ita, ba tare da ma'ana ta zube ba.

Tun ana tsakiyar wannan aiki ake buɗe ƙofar falsafa da littafi mai sauƙi. The Problems of Philosophy na Bertrand Russell, na 1912, har yanzu ba a yi watsi da shi ba: gajere ne, ya fara daga teburin da ke gaban marubucin ya kai ga tambayar ko ana iya sanin wani abu da yaƙini. What Does It All Mean? na Thomas Nagel, na 1987, ya fi shi sauƙi. Babban littafin Russell na tarihin falsafar Turai, na 1945, yana da daɗin karatu, amma akwai son rai a hukuncinsa kan waɗanda bai yarda da su ba, don haka ba a ɗaukarsa alƙali.

Zuciyar karatun tana cikin maƙaloli, kuma yawancinsu ba su wuce shafi 20 ko 30 ba. Tsarin da ya fi amfani shi ne a bi su bisa jerin jayayya, a karanta mai da'awa sannan wanda ya mayar masa da martani. Ana farawa da maƙalar Frege ta 1892 kan ma'ana da abin nufi. Tambayarta ƙarama ce a ido. Gamzaki da ke fitowa da asuba da Zara da ake gani da magariba tauraro ɗaya ne. To me ya sa "Gamzaki shi ne Gamzaki" ba ta ƙara wa kowa sani, amma "Gamzaki shi ne Zara" labari ne da sai da aka yi bincike aka gano? Amsar Frege ita ce suna yana da abin da yake nunawa, yana kuma da hanyar da yake nuna shi, kuma sunaye biyu suna iya haɗuwa a na farko su rabu a na biyu. Daga nan sai "On Denoting" ta Russell, wadda mujallar Mind ta buga a 1905. Ita kuma matsalarta jimla ce irin "sarkin Amurka na yanzu dogo ne", alhali Amurka ba ta da sarki. Russell ya warware ta zuwa da'awa uku: akwai mai wannan sarauta, bai wuce ɗaya ba, kuma dogo ne. Da yake ta farkon ƙarya ce, jimlar duka ƙarya ce, ba sai an ƙirƙiro wani sarki na gaibu ba. Maƙalar tana da sarƙaƙiya. Babin da ya sake bayanin a Introduction to Mathematical Philosophy, wanda ya rubuta a gidan yari a 1918, ya fi ta fitowa sarai. P. F. Strawson ya ƙalubalance shi a 1950, yana ganin mai irin wannan magana bai faɗi ƙarya ba, maganarsa ce ba ta samu wurin sauka ba, Russell kuma ya mayar da martani a 1957.

Yadda ake karanta irin waɗannan maƙaloli shi ne a bi sau ɗaya da sauri don a ga inda aka dosa, sannan a dawo a hankali a rubuta hujjar da hannu: muƙaddima ta ɗaya, ta biyu, ta uku, natija. Sai a tambaya ko natijar ta biyo baya, in ta biyo, wace muƙaddima ce ta fi rauni. Maƙalar da ta fi dacewa da wannan atisaye ita ce ta Edmund Gettier ta 1963, mai shafi 3 kacal, wadda ta girgiza tsohuwar fahimtar cewa sani shi ne yarda da abin da yake gaskiya bisa dalili. Russell ya riga ya ba da misali mai kama da nasa: mutum ya dubi agogon da ya tsaya, aka yi dace lokacin da yake nunawa daidai ne. Ya yarda, yana da dalili, abin kuma gaskiya ne, amma ba za a ce ya san lokaci ba.

Akwai littattafai biyu da sunansu ke jan mafari, kuma ana jinkirta su. Principia Mathematica na Whitehead da Russell, juzu'i 3 tsakanin 1910 da 1913, kusan duka alamomi ne, kuma sai bayan shafi 300 da ɗoriya ake kaiwa ga matakin da zai tabbatar da cewa 1 da 1 suna ba da 2. Ko masana ba sa karanta shi daga bango zuwa bango. Abin da ake bukata a sani shi ne dalilin tsaurinsa: a 1902 Russell ya rubuta wa Frege cewa tsarin Frege ɗin yana karo da kansa, ta hanyar tarin duk tarukan da ba sa cikin kansu. Akan kwatanta shi da wanzamin da ke aske duk wanda ba ya aske kansa a gari, su kaɗai kuma yake askewa. In ya aske kansa ya saɓa sharaɗi, in bai aske ba ma ya saɓa. Na biyun shi ne Tractatus na Ludwig Wittgenstein, wanda ya fito da Jamusanci a 1921 da Turanci a 1922. Gajartarsa yaudara ce. Ya ɗauka mai karatu ya san Frege da Russell, saboda haka ana zuwa masa bayansu, tare da sharhi irin na Elizabeth Anscombe na 1959.

Daga nan jayayyar ta koma Vienna, inda Moritz Schlick da Rudolf Carnap da abokansu suka ce maganar da ba ta lissafi ko mantiƙi ba, kuma ba a iya gwada ta da gani ko ji, ba ta da ma'ana. A. J. Ayer ya kawo wannan ra'ayi cikin Turanci a Language, Truth and Logic a 1936, yana da shekara 25, da zafin ƙuruciya. Ana karanta shi duk da an bar ra'ayin, domin ba za a fahimci "Two Dogmas of Empiricism" ta W. V. Quine ta 1951 ba sai an san ginin da ta rushe. Grice da Strawson sun ba Quine amsa a 1956. A daidai wannan zamani wani reshe ya juya ga harshen yau da kullum: The Concept of Mind na Gilbert Ryle a 1949, Philosophical Investigations na Wittgenstein da aka buga a 1953 bayan rasuwarsa, inda ya soki tunaninsa na farko, da How to Do Things with Words na J. L. Austin a 1962, kan maganar da ita kanta aiki ce, kamar alkawari ko raɗa suna. Wannan zango yakan ƙare da Naming and Necessity na Saul Kripke, laccocin da ya gabatar a Princeton a 1970, wanda ya koma kan batun sunaye ya ce suna ba taƙaitaccen siffantawa ba ne. Kafin shi ana bukatar ɗan sanin mantiƙin "dole" da "mai yiwuwa".

Wanda mantiƙin kansa ya ja shi yana da hanya ta daban, kuma lissafi ce. Yakan fara da ƙa'idar tari a Naive Set Theory na Paul Halmos, na 1960, ya wuce zuwa A Mathematical Introduction to Logic na Herbert Enderton, na 1972, ko Computability and Logic na Boolos da Jeffrey. A nan zai tarar da sakamakon Kurt Gödel na 1931: duk tsarin ƙa'idoji da ba ya karo da kansa, wanda na'ura za ta iya jera ƙa'idojinsa, kuma ya isa ya ɗauki lissafin lambobi, yana da jimlar da ba zai iya tabbatarwa ko ƙaryatawa ba. Ana yawan jan wannan sakamako zuwa inda bai je ba, har a ce wai ya nuna babu gaskiya. Sharuɗɗan nan uku su ne iyakarsa. Gödel's Proof na wani Nagel ɗin daban da Newman, na 1958, yana ba da hoton hujjar ga wanda bai shirya shiga zurfi ba. Aikin Alan Turing na 1936, wanda ilmin kwamfuta ya ginu a kansa, ɗan wannan gida ne.

Littattafan sharhi suna biyo bayan asali. Juzu'i biyu na Scott Soames na 2003 sun bi tarihin hanyar hujja bayan hujja, kundin falsafa na jami'ar Stanford kuma, wanda aka fara a 1995, kyauta ne a intanet kuma masana ke rubuta shi, sai dai an yi shi ne don wanda ya riga ya ɗan taɓa fannin. An kuma gwada hanyar a kan harsunan Afirka. Kwasi Wiredu na Gana, wanda ya yi karatu a Oxford, ya auna wasu tambayoyin falsafa da harshen Akan, littafinsa Philosophy and an African Culture ya fito a 1980. Barry Hallen da J. O. Sodipo kuma, a Knowledge, Belief and Witchcraft na 1986, sun zauna da masu maganin gargajiya na ƙasar Yarabawa suka tsettsefe yadda Yarabanci ke raba abin da mutum ya gani da idonsa da abin da ya karɓa daga bakin wani. Ana karanta waɗannan bayan Quine, domin a kan tambayarsa game da fassara tsakanin harsuna Hallen da Sodipo suka ɗora bincikensu.