Digiri Ba Tare Da Takardar Koyarwa Ba: Kotu Za Ta Saurare Shi?

Wani mai sauraronmu daga Arikya, ƙaramar hukumar Lafiya, yana tambaya: ƙaninsa yana da digiri amma an ƙi ɗaukarsa aikin koyarwa saboda ba shi da takardar malanta, ko zai iya kai ƙara?

To malam, ƙofar kotu a buɗe take, kuma Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke sauraron rigingimun aiki. Sai dai a ganina da wuya ya yi nasara. Tsarin ilimi na ƙasa ya ɗauki NCE a matsayin mafi ƙarancin takardar koyarwa, dokar 1993 da ta kafa hukumar rajistar malamai ta TRCN kuma ta ce sai mai rajista ne malami. Digiri kamar na lissafi kaɗai bai isa rajistar ba.

Inda aka fi kai ruwa rana shi ne Kaduna a 2017. Gwamnatin Nasir El-Rufai ta yi wa malaman firamare jarrabawa, ta ce 21,780 sun faɗi. Ƙungiyar malamai ta NUT ta garzaya kotu, hujjarta ita ce auna cancantar malami aikin TRCN ne. Kotu ta ba da umarnin a dakata, amma aka ci gaba da sallama, har aka shiga yajin aiki a Janairun 2018. Ka ga waɗannan ma suna cikin aikin, ba nema suke yi ba.

Shawarata, ƙaninka ya yi difilomar koyarwa ta PGDE, Cibiyar Malamai ta Ƙasa da ke Kaduna tana bayarwa, sannan ya zauna jarrabawar TRCN.