Katin Gidan Waya da Tsofaffin Kuɗi a Matsayin Madogara ga Tarihin Birnin Kano

1.0 Gabatarwa

Manazarcin tarihin Kano ya saba dogara ga abubuwa uku, watau littafin Tarihin Kano, da rahotannin Turawan mulki da ke ajiye a Kaduna, da kuma abin da dattawa suka riƙe a ka. Kowanne daga cikinsu yana da iyakarsa. Littafin ya fi kula da sarakuna da yaƙe-yaƙensu, rahotannin sun fi kula da haraji, su kuwa dattawan da suka ga zamanin Sarki Abbas da idonsu duk sun riga mu gidan gaskiya. Wannan maƙala za ta duba wata madogara ta huɗu wadda aka raina, watau katin gidan waya mai hoto, tare da kan sarkin da ake manna masa da tsabar kuɗin da ake sayensa da su.

2.0 Asalin Katin da Zuwansa Kano

A ƙasar Ostiriya aka fara fitar da katin gidan waya a shekarar 1869. Kati ne da ake aikawa ba cikin ambulan ba, kuma kuɗin aikawarsa bai kai na wasiƙa ba. Kafin ƙarshen ƙarnin an fara buga hoto a fuskarsa, sai ya zama abin yayi a Turai, har mutane suna tara shi kamar yadda matan Hausawa suke jeren kwanuka.

Yayin ya zo daidai da cin ƙasar Hausa. Turawan Ingila sun ci Kano a watan Fabrairu na 1903, layin dogo ya iso a 1911. Daga nan sai jami'an mulki da ma'aikatan reluwe da na kamfanonin ciniki suka riƙa sayen katuna suna aika wa iyalansu, don su ga irin ƙasar da aka kawo su. Wannan shi ya sa akasarin tsofaffin hotunan Kano suke Turai a yau, a hannun 'yan kasuwa da masu tara kayan tarihi, ba a Kano ba.

3.0 Yadda Ake Gane Shekarun Kati

Hoton da ba a san lokacinsa ba, amfaninsa ga tarihi kaɗan ne. Saboda haka aikin farko shi ne a juya katin a dubi bayansa. A can da, bayan kati na adireshi ne kaɗai, saƙon kuwa sai a matsa shi a gefen hoto. A 1902 Ingila ta yarda a raba bayan gida biyu, dama adireshi, hagu saƙo. Faransa ta bi sahu a 1904. Wannan doka ba ta cika taimakon mai nazarin Kano ba, da yake ta riga zuwan Turawa garin, amma tana da amfani ga katunan Ikko da na ƙasashen Faransa.

Kan sarki ya fi faɗin gaskiya. Daga 1900 zuwa 1914 Nijeriya ta Arewa tana da nata kan sarkin dabam. Bayan haɗewar 1914 sai aka koma ga wanda aka rubuta wa sunan Nijeriya kawai. Fuskar da ke jiki ita ma shaida ce: Sarki Edward na Bakwai ya mutu a 1910, George na Biyar ya yi mulki har 1936, George na Shida har 1952. Ita kanta kalmar "kan sarki" abar lura ce ga ɗalibin harshe. Waɗanda aka fara bugawa a 1900 suna ɗauke ne da kan Sarauniya Biktoriya, amma Hausawa ba su ce "kan sarauniya" ba. Ana iya zaton cewa sunan ya zauna ne bayan 1903, lokacin da kan namiji ne a jikinsa, sa'an nan ya ƙi sauyawa ko a zamanin Sarauniya Elizabeth.

Sai dai akwai wani rami da ɗalibai kan faɗa. Hatimin gidan waya yana nuna ranar da aka aika kati ne, ba ranar da aka ɗauki hoto ba. Masu ɗab'i sukan yi ta maimaita hoto guda shekara da shekaru muddin ana saye. Katin da aka aika a 1930 yana iya ɗaukar hoton 1912. Abin da hatimi ya tabbatar shi ne hoton bai wuce wannan rana ba. Sauran aikin sai a nemi shaida daga cikin hoton, kamar layin dogo, ko mota, ko ginin da aka san shekararsa.

4.0 Abin da Katin Ya Adana

Wuraren da masu ɗaukar hoto suka fi so ba su da yawa: ganuwa da ƙofofinta, Kasuwar Kurmi, marinar Ƙofar Mata, ƙofar Gidan Sarki, da garin gaba ɗaya daga kan Dutsen Dala. Wannan maimaici, wanda yake gundurar mai kallo, shi ne ribar manazarci, domin idan aka jera katuna biyar na wuri guda bisa shekarunsu, sai a ga canji yana tafiya a hankali. A ga filayen noma da kududdufai na cikin ganuwa suna ƙanƙancewa, a ga kwano yana hawa kan soro, a ga keke ya shigo tsakanin jakuna. Ƙofar Na'isa ta asali, alal misali, an rushe ta a 2010 domin faɗaɗa hanya. Wanda yake son ya san kaurin bangonta da faɗin mashigarta, ba shi da abin dubawa sai hoto.

Haka nan dalar gyaɗa. Yawancin ɗaliban yau sun san ta ne a baka. Kati yana nuna yadda leburori suke hawa da buhu a ka, da yadda ake rufe dalar da tamfol saboda damina. Mai kallo na ganin alamar arziki, kuma haka ne, amma dalar shaida ce kuma ta gazawar jirgin ƙasa wajen kwashe amfanin gona zuwa teku kan lokaci. Farin farkon shekarun 1970 da cutar da ta faɗa wa gyaɗa a 1975 suna cikin abubuwan da suka kawo ƙarshenta. Gyaɗar ta hau kan sarkin ahu a jerin 1953, ta kuma hau tsabar kwabo 25 da aka fitar tare da naira a 1973.

5.0 Idon Wane Ne?

Dole a tuna cewa ba Bakano ne ya zaɓi abin da za a ɗauka ba, ba kuma shi aka buga wa ba. Baturen da ke saye yana son abin da zai ba danginsa mamaki, don haka aka cika katuna da raƙuma da 'yan lifida da makafi masu bara, aka bar zaurukan karatu da alƙalai da attajirai. Sarakuna kan samu suna a ƙarƙashin hotonsu. Talaka kuwa sai a kira shi "ɗan kasuwar Hausa" kurum, ko da Banufe ne ko Babarbare. An san cewa Fortier, mai ɗaukar hoto na Dakar wanda katunansa suka cika Afirka ta Yamma ta Faransa, yakan sake fitar da hoto guda da bayani dabam. Wannan ya isa gargaɗi: rubutun da ke ƙarƙashin hoto da'awa ce, sai an bincika.

Wani lokaci ma wurin da aka nuna ba shi ba ne. A babban baje-kolin daular Ingila na Wembley, a 1924 da 1925, an gina wani gari mai ganuwa irin ta biranen Arewa a gefen Landan, aka kai masu sana'a daga Nijeriya suna aiki a ciki, aka buga katuna. Mai gaggawa zai ɗauka Kano ce yake kallo.

6.0 Anini da Kwabo

Tsabar kuɗi ba ta da wannan matsala, domin ta ratsa hannun talaka. A 1907 aka fara buga kwabo da anini masu huda a tsakiya, da tauraro mai tsini shida, da rubutun Larabci mai faɗin darajarsu. Anini kashi ɗaya ne cikin goma na kwabo, kuma ƙanƙantarsa tana nuna abin da aka yi shi dominsa, watau ya maye gurbin wuri a cinikin daddawa da gishiri. Hudar ta ba da damar a shirya su a zare. Akwai ma waɗanda aka buga a 1936 da sunan Edward na Takwas, sarkin da ya yi murabus cikin shekarar, alhali a Ingila kanta kuɗinsa bai shiga kasuwa ba.

Sunayen waɗannan kuɗi, ɗari da kwabo da ahu da taro da sisi da nai da sule da fam, sun rayu bayan kuɗin sun mutu. Har yanzu wanda ya tsiyace yakan ce ba shi da ko anini, ko ko sisin kwabo, ko da bai taɓa riƙe ɗayansu ba. Ɗalibin da ya kai anini gaban tsohuwar da ta yi tallan ƙosai a zamanin Sarki Abdullahi Bayero, wanda ya yi sarauta daga 1926 zuwa 1953, zai ji farashin hatsi da sadaki da kuɗin haraji, abubuwan da tambaya da baki kaɗai ba ta cika fito da su ba. Haka ya kamata a yi da katunan: a ɗauki kwafinsu a kai unguwannin da suka nuna, a zauna da masu unguwa da marina da 'yan Kurmi, a tambaye su gidan wane ne wannan, kuma wace sana'a ake yi a wancan lungu, a rubuta amsar da sunan mai ba da ita da ranar da ya bayar.