Masanin da Ba a Haifa Ba

Ɗana, wannan masanin da kake ta ba ƙannenka labarinsa, wanda ya ce kowane amo mabuɗi ne na wata duniya da ke gefen tamu, ba a taɓa haihuwarsa ba. Ba shi da gari, ba shi da malami, ba shi da kabari. Wani mai hikima ne ya ƙaga shi, ya sa masa magana a baki. Ban ga laifin haka ba, ai da tatsuniya aka yaye mu. Abin da nake jiye maka shi ne ka ɗauko Gizo ka zaunar da shi a kan buzun malam.

Tambayar da ta ja hankalinka kuwa tsohuwa ce, kuma ba baƙuwa ba ce a ƙasar Hausa. Masu bori sun daɗe suna cewa akwai wani birni, Jangare, wanda ido ba ya gani, mai gidaje 12 a ƙarƙashin Sarkin Aljan Sulemanu, kuma kowane iska da takensa. Mai garaya ko mai goge zai saki taken Ɗan Galadima ko na Sarkin Rafi, mata suna buga ƙwarya, sai a ce mai taken ya sauko ya hau dokinsa. Tun jihadin Shehu Usmanu na 1804 malamanmu suke hani da wannan, ni ma ina hana ka. Na ambata ne don ka san zancen da kake jin sabo ne, kakanninka sun ji shi, sun kuma auna shi. Ko nan maƙwabtanmu Birnin Kudu akwai duwatsun da in ka buge su suke amsawa kamar ƙarfe, kusa da zanen shanu na mutanen da. Bernard Fagg ya yi rubutu a kansu a shekarun 1950. Ɗan Adam ya daɗe yana kasa kunne ga amo.

Yanzu ga abin da yake tabbas. Ka zauna kusa da mai gurmi ka dubi hannunsa na hagu. In ya kaɗa tsirkiya a sake, ta ba da amo. In ya danne ta daidai tsakiya, sai amon nan ya dawo, shi ne dai, amma ya hau sama ya yi siriri. In ya bar kashi biyu cikin uku suna rawa, sai wani amo ya fito wanda yake zama lafiya da na farko. Daɗin da kunnenka ya ji, ashe lissafi ne: 2 da 1, 3 da 2. Ana danganta gano wannan ga Fisagoras na ƙasar Girka, ƙarni 6 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihis salam. Almajiransa suka ce tunda haka ne, taurari ma a tafiyarsu suna da nasu kiɗan. Ikhwanus Safa na Basara, a ƙarni na 10, suka karɓi maganar, suka ce kiɗan ƙasa yana tuna wa rai wata duniya ta sama.

Shi kuwa Farabi, wanda ya rasu a 950, ya rubuta babban littafi a kan kiɗa, ya yarda da lissafin tsirkiya don ana gwada shi, ya ƙi yarda cewa taurari na yin amo. Wannan hali nake so ka ɗauka. Mutum ne da ya san kiɗa ciki da bai, amma son abin bai sa ya faɗi abin da ba shi da hujja ba.

Zancen duniyoyi masu yawa kuma, Hugh Everett ne ya kawo shi cikin kimiyya a Amurka a 1957. Har yau masana suna saɓani a kai, kuma babu kiɗa a lissafinsa.

Na san abin da kake ji gaskiya ne. Kalangun Shata yakan tashi, dattijo ya yi shiru, ka ga hankalinsa ya koma wani zamani da mutanen da suka riga mu. Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya yi bayani a Ihya'u cewa sauraro yana motsa abin da yake cikin zuciya ne tun farko. Don haka ka lura da abin da yake tasowa a ranka in kana sauraro, ka kuma lura ko kiran salla ya wuce ka abin ji yana toshe da kunnenka. Hukuncin kiɗa, malamai sun yi saɓani, ka zauna da malaminka ya warware maka.

In masanin nan ya shiga ranka, rubuta naka. Ka ba shi gida a Gantsa, ka ba shi gurmi da maƙwabcin da zai riƙa yi masa gardama. Amma a shafin farko ka rubuta cewa ƙagaggen labari ne, don ƙannenka suna ɗaukar duk abin da ka faɗa.