Yadda Ake Goge Sabin Din PS2 Ba Tare Da An Yi Asara Ba, Da Gyaran Matsalolinta

Yau za mu ɗan ajiye waya gefe mu koma kan PlayStation 2, wadda har gobe ita ce ke riƙe da shagunan gem da yawa a Kura, Bunkure, Garun Malam da ƙauyukan da ke bakin hanyoyin ruwan da ke gangarowa daga dam ɗin Tiga. Da yamma, in an taso daga dashen shinkafa ko tsinkar tumatir, a nan matasa ke haɗuwa a buga PES.

Kamfanin Sony ya fitar da PS2 a Japan ranar 4 ga Maris, 2000, ya kawo siririyar a 2004, sannan ya daina ƙera ta a farkon 2013 bayan an sayar da fiye da miliyan 155. Ke nan duk wadda ka gani a shago yau ta haura shekara goma. Tsufa ya kama ta, amma yawancin abin da ke damunta kai ma za ka iya magance shi.

Abin da ya sa na rubuta wannan darasi shi ne abin da ya faru da wani ƙanena mai shago. Ya so ya share tsohon Master League don a fara sabuwar gasa, sai ya goge duk abin da ya gani a memori kad. Da ya sake kunnawa, babu gem ko ɗaya da ya fito daga filas. Kwana uku shagon yana rufe kafin ya samu shiga Kano a gyara masa. Kada hakan ta same ka.

Ina ci gabanka yake zama?

PS2 ba kamar wayarka ba ce. Ba ta ajiye ci gaban wasa a cikinta, kuma ba ta ajiye shi a kan faifai. Komai yana cikin memori kad, wannan ƙaramin katin da ake sokawa a saman inda ake jona pad. Na asali 8MB ne kacal. Saboda haka danna maɓallin Reset ba ya goge komai: in ka taɓa shi sau ɗaya na'urar za ta sake tashi, in ka danne shi na ɗan lokaci za ta kwanta, fitila ta koma ja.

Abu na biyu shi ne, a yawancin PS2 ɗin da ke karanta gem daga filas, akwai wata manhaja mai suna Free McBoot da aka girka a cikin memori kad ɗin. Ita ce ke buɗe Open PS2 Loader, wato OPL, wadda ke jero maka gem. Katin da ke ɗauke da sabin ɗinka shi ne kuma makullin na'urar. Wannan ne ƙanena bai sani ba.

Mataki na farko: yi kwafi kafin ka taɓa komai

In kana da kati biyu, soka na biyun a rami na 2. Kunna na'urar babu faifai, ka shiga Browser, ka zaɓi kati na 1, ka hau kan hoton gem ɗin, ka danna X, ka zaɓi Copy, sannan ka nuna kati na 2. A na'urorin Japan maɓallin O ne ke amincewa, X kuma komawa baya, don haka ka lura da rubutun da ke ƙasan allo.

In ba ka da kati na biyu, yi amfani da uLaunchELF, wadda galibi tana cikin jerin Free McBoot. Shiga FileBrowser. Za ka ga mc0, shi ne kati na 1, da mass, shi ne filas. Buɗe mc0, hau kan jakar gem ɗin, danna R1, zaɓi Copy. Koma mass, sake danna R1, zaɓi psuPaste. Sabin ɗin zai zama fayil guda a filas. Daga nan sai ka jona filas ɗin a wayarka da OTG ka kwafe fayil ɗin, har ma ka ɗora shi a Google Drive. Idan wayar ta ce za ta yi wa filas ɗin format, ka ce a'a, domin za ta share duk gem ɗin da ke ciki.

Mataki na biyu: goge sabin ɗin da kake so kawai

1. Kunna na'urar babu faifai, ka shiga Browser.
2. Zaɓi memori kad ɗin.
3. Hau kan hoton gem ɗin, ka karanta sunan da ya fito da kyau.
4. Danna X, zaɓi Delete, sannan Yes.
5. Kada ka zare katin ko ka kashe wuta sai ya gama.

Abin da aka goge a nan ya tafi ke nan, babu kwandon shara irin na waya.

Abubuwan da ba a taɓawa su ne duk wani hoto mai sunan Free McBoot, BOOT, SYS-CONF, OPL ko uLaunchELF. Haka nan in ka ga wani akwati shuɗi an rubuta Corrupted Data, kada ka yi gaggawa. Wani lokaci sabin ne da ya lalace, wani lokaci kuma jaka ce ta waɗannan manhajoji wadda ba ta da hoto, sai na'urar ta nuna ta haka. Duba sunan jakar a uLaunchELF tukuna. Jakar gem takan fara da BESLES in na Turai ne, BASLUS in na Amurka ne, ko BISLPM in na Japan ne.

Ba kowane lokaci ne ma ake buƙatar gogewa ba. GTA San Andreas yana da gurabe 8 na ajiya, don haka kana iya fara New Game ka ajiye a wani gurbin daban, tsohon yana nan.

Batun PES

PES yana ajiye abubuwa daban-daban. Akwai Option File, wanda ke riƙe da saituttuka da gyare-gyaren 'yan wasa da ƙungiyoyi. Akwai kuma ajiyar Master League da ta kofi, kowanne da nasa hoton. In sabuwar gasa kake so, ajiyar Master League kaɗai za ka goge.

PES 2014 shi ne na ƙarshe da Konami ya fitar a PS2. Duk wanda ka gani mai 'yan wasan bana, masu sha'awa ne suka ɗauki tsoho suka sabunta shi. Da yake da yawansu lambar gem ɗaya suke amfani da ita, sabon zai iya ɗauko tsohon Option File ɗin da ke katinka. Sakamakon haka sai ka ga sunaye sun cakuɗe, ko ɗan wasa yana ƙungiyar da ya daɗe da bari, ko gem ɗin ya tsaya cak wajen buɗewa. Maganinsa a kwafe tsohon Option File, a goge shi, a bar gem ɗin ya ƙirƙiri sabo.

Ga masu shago akwai dabara. OPL tana iya ƙirƙirar memori kad na cikin filas, ana kiransa VMC, kuma kowane gem zai iya samun nasa. Da wannan sabin ɗin kwastomomi ba zai cika katin Free McBoot ba. Amma ka tuna, gem ɗin da aka saita wa VMC ba za ka ga sabinsa a Browser ba, yana cikin jakar VMC a filas.

Shi kuwa format, shi ne makami na ƙarshe. Yana share katin tas har da Free McBoot. Kada ka yi shi sai kana da wata hanyar mayar da manhajar. Ka kuma sani cewa Free McBoot ba ta tashi a yawancin siraran ƙarshe masu lamba SCPH-9000x, su wata manhajar ake sa musu irin OpenTuna.

Abin da ke lalata sabin

Babban dalili shi ne ɗaukewar wuta, ko mutuwar janareto, a daidai lokacin da gem ke ajiya. In ka ji injin ya fara tari alamar mai ya kusa ƙarewa, kada ka danna Save. Dalili na biyu katunan jabu ne masu rubutun 64MB ko 128MB, waɗanda sun fi saurin lalata ajiya. Ka riƙe na 8MB na asali don abin da ya fi muhimmanci. In na'urar ta ƙi ganin katin gaba ɗaya, goge bakin ƙarfensa da auduga da ɗan sifirit, ka bari ya bushe, ka gwada a rami na 2.

Idan ta ƙi karanta faifai

Saƙon Disc Read Error yawanci ƙura ce a kan idon da ke karanta faifai. A yankinmu ƙurar iri biyu ce: ta hunturu, da ta ƙaiƙayin da ke tashi daga injinan casar shinkafa, wanda duk mazaunin Kura ya san shi. Cire wuta, ka buɗe murfin siririyar, ka goge idon a hankali da auduga mai ɗan sifirit. Kada ka danna shi da ƙarfi. Faifan kuma a goge shi daga tsakiya zuwa baki, ba a zagaye ba.

In bai yi ba, a allon farko danna alwatika, hau kan Console, sake danna alwatika, kunna Diagnosis, sannan ka saka faifan. Na'urar za ta yi ƙoƙarin daidaita karatunta. Idan siririya ce kuma faifan ba ya juyawa sam, duba ko murfin yana rufuwa sosai, domin akwai ƙananan makunnai da ke shaida mata an rufe. In kuma ka ga zane zagayayye yana fitowa a bayan faifanka, lebur ɗin wayar idon ce ta ɗago tana gogarsa. Daina sakawa, kai ta wajen mai gyara.

Idan filas ce ke ba da matsala

Ramin USB na PS2 tsohon yayi ne, 1.1, shi ya sa bidiyon cikin gem ke sassarƙewa. Wannan ba lalacewa ba ce. Tsofaffin OPL tsarin FAT32 kaɗai suke ganewa, shi kuma ba ya ɗaukar fayil ɗin da ya kai 4GB, sai an yanka shi da USBUtil a kwamfuta. In gem ya tsaya a baƙin allo bayan an yi ta gogewa da ƙarawa a filas, fayil ɗin ne ya warwatse. Kwashe komai zuwa kwamfuta, yi wa filas ɗin format, ka mayar da su ɗaya bayan ɗaya.

Wuta, zafi da hoto

Wutarmu 230V ce. Manyan PS2 na Japan 100V suke ci, na Amurka 120V, kuma jona su kai tsaye yana ƙona su nan take. Kafin ka sayi ta hannu, karanta takardar da ke manne a jikinta. Lambar ƙarshe ta SCPH tana nuna asalinta: 0 Japan, 1 Amurka, 3 Birtaniya, 4 Turai. Siririya mai caja a waje 8.5V take buƙata, kada ka gwada mata cajar laptop don kawai bakin ya shiga.

A watannin Maris da Afrilu, shagon kwano yana zafi sosai. Kada a ɗora na'urar a kan katifa ko kan talabijin, a bar wa ramukan iska sarari. A lokacin ban-ruwa da damina kuma a ɗaga ta daga ƙasa saboda laima.

Hoto fari-da-baƙi yana da dalili biyu: ko an soka wayar rawaya a ramin kore na talabijin, ko gem ɗin na tsarin NTSC ne talabijin ɗin kuma PAL kaɗai ya sani. In ƙaramin adaftan HDMI kake amfani da shi kuma babu hoto, jona tsohuwar waya, shiga System Configuration, ka mayar da Component Video Out zuwa Y Cb/Pb Cr/Pr. In kwanan wata na komawa baya kullum, batirin CR2032 na ciki ne ya mutu, kuma mutuwarsa ba ta taɓa sabin ɗinka.

Pad ɗin da ɗan wasa ke tafiya shi kaɗai, juya sandunan biyu cikakken zagaye ka gani. In bai daina ba, a buɗe a goge, ko a canza robar maɓallan.

Lokacin da za a kai wa mai gyara

In ka ji ƙaurin ƙuna, ko jar fitila ta ƙi kamawa, ko idon na ƙara yana ƙas-ƙas bayan ka goge shi, kada ka buɗe ɓangaren wuta da kanka. Ka kai ta wajen masu gyaran kayan gem a Kano, kamar a kasuwar Sabon Gari. Kafin ka miƙa ta, zare memori kad ɗinka da filas ɗinka ka sa a aljihu, sai in matsalar tasu ce, a nan ma ka tabbata ka riga ka yi kwafi.

Wannan shi ne darasinmu na yau. Kafin ka koma buga wasa, ɗauki minti biyar ka kwafe sabin ɗinka zuwa waya. Allah Ya ba da sa'a, sai mun haɗu a darasi na gaba.